Lennon Sisters: shekara 12 a shirin Welk, nasu shirin zango ɗaya kacal. Me ya jawo?

Bilkisu_Gwammaja:
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ga wata magana da nake so masana waƙa da talabijin su warware mana. Lennon Sisters, 'yan matan nan huɗu mawaƙa (Dianne, Peggy, Kathy da Janet), uwa ɗaya uba ɗaya daga Venice a jihar Kalifoniya ta Amurka, sun fara fitowa a shirin talabijin na Lawrence Welk, shugaban wani bandin makaɗa, a jajibirin Kirsimeti na 1955, suka zauna a cikinsa har farkon 1968. Duk daren Asabar miliyoyin Amurkawa na kallonsu. Amma da tashar ABC ta ba su shirin kansu a watan Satumba na 1969, bai cika shekara ba aka rufe shi. Ni a ganina talabijin ɗin da ya ɗaga su shi ya ɗaure su, domin jama'a sun san su ne a matsayin 'ya'yan gidan Welk. Ko akwai dalilin da ya fi wannan?

Mal_Sani_KofarMata:
Wa alaikumus salam Malama Bilkisu. Kafin a yanke hukunci, a fara duba yadda irin wannan shiri yake ginuwa. Shirin nishaɗi ne na gauraye: waƙa, rawa, kiɗan bandi, wani lokaci da barkwanci. Awa ɗaya ne a jadawali, amma in an cire talla, abin da ya rage kusan minti 50 ne. A shirin Welk ana raba wannan minti 50 tsakanin bandi, mai akodiyon, masu rawa, mawaƙa maza da mata da dama. Waƙa ɗaya ba ta cika wuce minti uku ba. Wato kason 'yan matan a mako bai wuce waƙa ɗaya ko biyu ba, sai kuma su shiga waƙar taro ta buɗewa ko ta rufewa.

To mutumin da aka saba gani na minti biyar ko shida, a ce masa ya riƙe awa guda. Yanzu sai ya tarbi baƙi, ya yi hira, ya shiga guntun wasan barkwanci, ya karanta abin da aka rubuta masa a allo gefen kyamara ba tare da ido ya nuna karatu yake yi ba. Wannan sana'a ce daban da rera waƙa, kuma a gidan Welk ba a ba su filin koyonta ba, tunda shi ne mai gabatarwa, shi ke kiran sunan kowa.

Ummi_Tudunwada:
Shi ya sa a shirin nasu aka haɗa su da Jimmy Durante, ɗan barkwancin nan, ke nan?

Mal_Sani_KofarMata:
Ƙwarai kuwa. Ko sunan shirin da nasa ya fara, sannan nasu ya biyo. An haife shi a 1893, lokacin yana da shekara 76. Tashar ta nemi wanda zai ɗauki nauyin hira da ban dariya, amma ta ɗauko wanda masu kallonsa su ne dai dattawan da ke kallon Welk. Ba a ƙara musu sabon mai kallo ko ɗaya ba ta wannan hanyar.

Hajiya_Turai_KD:
Ni ta ɓangaren kuɗi zan shigo, don shi ne ya fitar da su tun farko. An san Welk da biyan mawaƙansa mafi ƙarancin kuɗin da ƙungiyar ma'aikatan rediyo da talabijin, AFTRA, ta ƙayyade. Yana da tsarin raba riba ga waɗanda suka daɗe da shi, amma kuɗin mako dai na ƙasan jadawali ne, ko kai ne jama'a suka fi aiko wa wasiƙa. Kuma a jadawalin irin waɗannan ƙungiyoyi, abin da mutum ɗaya ke samu a cikin rukunin mawaƙa bai kai na wanda ya rera shi kaɗai ba.

Ku lissafa da kanku. Aikin mako-mako ne: a zaɓi waƙa, a tsara muryoyi, a haddace, a gwada kaya, a yi rihazal da kyamara, a ɗauka. Ba ka da sararin tafiya wasa a wani gari na mako biyu ko uku, alhali can ne kuɗin yake. A lokacin da suke yara a gidan mahaifinsu, da ƙanne da yawa, albashi tabbatacce alheri ne babba. Zuwa 1968 kuwa dukkansu matan aure ne, wasu da 'ya'ya. Lissafin ya canza. Saboda haka barin da suka yi ba butulci ba ne, kuma ba rashin tunani ba ne.

AbbaNaRimi:
Hajiya, ai sun samu ta wasu hanyoyin. An sayar da 'yan tsana na takarda da hotonsu, da littattafan fenti na yara, har da littattafan labari da sunansu.

Hajiya_Turai_KD:
Haka ne Abba, amma lura da wa ke sayen waɗannan kaya: iyaye ne ke saya wa ƙananan 'ya'yansu mata. Kasuwa ce da ke tafiya da yarinta. Janet, ƙaramarsu, shekararta 9 lokacin da suka fara. Da ta kai 22, wa zai sayi 'yar tsanarta?

Malama_Rifkatu_Jos:
Ina so in yi magana kan waƙar kanta, don kada a ɗauka sa'a ce kawai ta riƙe su shekara 12. Salonsu shi ne muryoyi huɗu a matse, kowace da nata matakin sauti, duka a cikin tazarar do zuwa do na sama ko kusa da haka. Misali ɗaya ta riƙe do, ɗaya mi, ɗaya so, ta huɗu ta ɗauki la ko ti. Wannan ta huɗun ita ke ba da zaƙin da ake ji a salon. Wahalarsa ita ce muryoyin tsakiya: layinsu ba shi da daɗin rerawa shi kaɗai, wani lokaci tazarar da ke tsakanin mutum da ta kusa da ita mataki ɗaya ne, kunne na jan ki zuwa layin 'yar uwarki. In ɗaya ta zame kaɗan, duka huɗun ne za a ji sun yi tsami.

Abin da 'yan uwa ke da shi wanda baƙi ke shan wuya kafin su samu abu uku ne. Lafazin wasali iri ɗaya, don a gida ɗaya suka koyi magana. Rawar murya mai saurin da ya yi kusa. Da kuma numfashi: sun san inda kowace za ta ja iska, sai su yi ta bi da bi a dogon sauti don kada a ji rami. Wurin da rukuni ke tonuwa shi ne ƙarshen kalma mai s ko t. In ba a yanke tare ba, makirufo zai kama s huɗu a jere.

Garba_Mai_Piano:
Malama ta faɗi gaskiya. In ƙara da abin da ya faru a 1960, lokacin da Dianne, babbarsu, ta yi aure ta bar rukunin, ba ta dawo ba sai 1964. Shekara huɗu su uku ne. Mutane na ɗauka cire mutum ɗaya kawai aka yi. A'a, duk takardun tsarin murya sai an sake rubuta su. Sauti huɗu ne a dunƙule, baki uku ya rage, dole a zubar da ɗaya. Ƙa'idar masu tsarawa ita ce a riƙe mi da ti, don su ke nuna launin sautin, a riƙe layin waƙar, a bar do ga mai jita ta ƙasa a bandi, ko a zubar da so wanda rashinsa bai cika damun kunne ba. Kuma wadda ta saba da layi na uku shekara biyar, yanzu an mayar da ita wani layin. Ga muryar Janet tana sauka tana kauri saboda girma. Duk wannan ana yinsa ne shirin na fita kowane mako ba hutu.

Sadiya_Zinder:
Don Allah a bambanta mana da namu. Ai mu ma muna da rukunin mata, kamar masu amada.

Malama_Rifkatu_Jos:
Ginin daban ne 'yar uwa. A amada, irin ta marigayiya Barmani Choge, akwai jagora da ke jefa baiti, 'yan amshi su karɓa baki ɗaya a kan sauti guda, ƙwarya na riƙe da kiɗa. In 'yar amshi ɗaya ba ta zo ba, waƙa ba ta lalace ba, kuma sunan jagora ne ke tafiya. A salon su Lennon kowace murya ginshiƙi ce, babu wadda za a cire a ce ba a ji ba. Wannan ƙarfi ne a waƙa, amma rauni ne a talabijin, domin kyamara fuska ɗaya take so ta matso. McGuire Sisters, wasu mawaƙa uku 'yan uwan juna a Amurka, sun warware wannan da sa ɗayarsu, Phyllis, a tsakiya tana jan waƙa kullum, kowa ya san ita zai kalla.

Injiniya_Bashir:
Ta fannin sauti ga abin da ke faruwa a sutudiyo. A shekarun farko ba kowace ke riƙe da makirufonta ba. Ɗaya ne, ko a tsaye gabansu ko a rataye a doguwar sanda sama da kai inda kyamara ba za ta gani ba. Ke nan daidaita ƙarfin murya da ƙafa ake yinsa, ba da na'ura ba. In nisanki da makirufo ya ninka, sautinki na raguwa da kusan desibel 6 (desibel ma'aunin ƙarfin sauti ne). Don haka mai ƙaramar murya ko mai layin ƙasa ta matso, mai layin sama, wanda dama shi ke huda kunne, ta ja baya rabin taku. Matsalar ita ce darakta na son jeri mai kyau a hoto, a bi tsawo, injiniya kuma na son jeri na murya, kuma ba kullum suke haɗuwa ba. Ga bandi a bayansu da ƙahonni, sautinsu na malalowa cikin makirufon mawaƙa.

Maganin da shirye-shirye da yawa suka koma gare shi shi ne a naɗi waƙar tun da wuri, ranar ɗauka a saki naɗin su bi da baki, abin da 'yan fim ɗinmu ke kira mamin. Yana ba da damar tafiya da rawa a dandali. Amma ga mutum huɗu ya fi wuya: baki huɗu ne za su buɗe su rufe tare, kuma inda aka ja numfashi a naɗi dole a ga kafaɗa ta motsa a hoto. Wadda ta manta ta riƙe sauti daidai tsawonsa, kyamara za ta nuna bakinta a rufe murya na tafiya.

Bilkisu_Gwammaja:
Allah ya ƙara basira. To duk wannan ya nuna ƙwararru ne. Sai tambayata ta ƙara ƙarfi: me ya sa ƙwarewar ba ta riƙe shirinsu ba?

Alh_Mudi_Fagge:
Bilkisu, akwai abin da ba a ambata ba tukuna, kuma bai kamata a tsallake shi ba. Ranar 12 ga Agusta 1969, makonni shida kafin shirin ya fara fita, wani mutum mai taɓin hankali da ya daɗe yana bibiyar iyalin, yana iƙirarin cewa Peggy matarsa ce, ya harbe mahaifinsu William Lennon a wurin ajiye motoci na filin golf a Marina del Rey. Mahaifin nan shi ne ya koya musu haɗa murya, shi ke raka su, shi ke tsaya musu a harkar aiki. Cikin wannan makoki aka ce su fito kowane mako su yi murmushi su yi barkwanci. Duk wanda zai auna wannan shiri ya sa wannan a ma'auni.

Ummi_Tudunwada:
Subhanallah. Wannan kaɗai ya isa.

Dr_Kabiru_BUK_Road:
Abin tausayi ne ƙwarai Alhaji, amma tashoshi da alƙaluman Nielsen, kamfanin da ke ƙidayar masu kallo, suke yanke hukunci, kuma ko ba wannan musiba shirin na cikin matsala. Kwana uku bayan kisan aka buɗe Woodstock, babban bikin waƙoƙin matasa, ku ga inda kunnen matasa ya koma. Shirin da ke kan gaba a Amurka a lokacin shi ne Laugh-In na NBC, barkwanci mai gudu, ana yanka hoto cikin daƙiƙu. A lokacin ABC ita ce ta uku a manyan tashoshi uku. Ta sa shirin 'yan matan daren Juma'a ƙarfe 10, lokacin da iyalai masu yara da dattawa, waɗanda su ne jama'arsu, sun fara kwanciya. A watan Fabrairu 1970 aka mayar da shi daren Asabar a gurbin wani shiri mai suna Hollywood Palace, wato dab da bayan shirin Welk. Ko hakan bai cece shi ba, a Yuli 1970 ya ƙare.

Sannan masu talla sun fara neman 'yan shekara 18 zuwa 49 mazauna birni. A 1971 ABC ta sallami Welk kansa duk da yana da masu kallo, tashar CBS ta rufe shirin nishaɗi na Ed Sullivan a shekarar. Ga dokar FCC, hukumar kula da sadarwa ta Amurka, da ta fara aiki a 1971, wadda ta rage wa manyan tashoshi lokacin da suke cikewa da daddare. Kasuwar gaba ɗaya ce ke rufewa.

Hajiya_Turai_KD:
Dakta, amma dubi abin da Welk ya yi da aka sallame shi. Ya ɗauki shirinsa ya sayar wa ƙananan tashoshi kai tsaye, sama da 200, ya ci gaba har 1982. Dokar da ka ambata ma ita ta buɗe masa gurbi. Ya iya haka ne don shirin nasa ne, da bandin, da alaƙa da masu talla. 'Yan matan ba su mallaki komai a ciki ba sai muryarsu. Wannan ya dawo da mu maganar Bilkisu.

Garba_Mai_Piano:
Faifai ma ya shigo nan. A 1956 sun kai lamba 15 a jadawalin Billboard na waƙoƙin da suka fi tashe da waƙar Tonight You Belong to Me, da sunan Welk a kan faifan tare da nasu, amma a shekarar wasu yara biyu 'yan uwa, Patience da Prudence, sun kai lamba 4 da waƙar. A 1961 suka sake rera wata waƙar da Sue Thompson ta kai lamba 5 da ita, tasu ta tsaya a 56. Wato ba su da waƙar da in an ji za a ce tasu ce. A shirin Welk aikinsu shi ne rera tsofaffin waƙoƙi da waɗanda wasu suka riga suka fitar.

Ku kwatanta da Supremes, rukunin mawaƙa mata na kamfanin faifai na Motown. Lamba ɗaya sau 12 tsakanin 1964 da 1969. Suna zuwa wurin Ed Sullivan a matsayin baƙi, su tallata sabon faifai su tafi. Kamfanin Motown na da sashen horo: Cholly Atkins na koyar da taku, Maxine Powell na koyar da tsayuwa da magana, Maurice King na kula da murya. Da suka yi shiri na musamman da Temptations, rukunin mawaƙa maza, a NBC a Disamba 1968, Motown na cikin masu shirya shi, kuma faifan shirin ya kai lamba ɗaya. Su talabijin ya yi musu aiki.

Abdou_Maradi:
Ban yarda cewa zama a shiri ɗaya shi ne laifin ba. A Japan tagwayen nan The Peanuts, Emi da Yumi Ito, sun riƙe shirin Shabondama Holiday a Nippon TV daga 1961 zuwa 1972, shekara 11, tare da 'yan barkwancin Crazy Cats. Sun fito a gasar waƙar ƙarshen shekara ta tashar NHK sau 16 a jere, suka yi ritaya a 1975 da darajarsu. Bambancin shi ne kamfanin da ke riƙe da su, Watanabe, yana da hannu a shirya shirin, an gina shi a kansu tun ranar farko, kuma suna da mai tsara musu kiɗa, Hiroshi Miyagawa, da waƙoƙin kansu.

Dr_Kabiru_BUK_Road:
Malam Abdou, misalinka ya goyi bayan Hajiya ne ai. Wanda ke riƙe da su shi ke riƙe da shirin.

Abdou_Maradi:
Ya goyi bayanta rabi. Ita ta ce mallaka, ni na ce gini. Peanuts ɗin ma ba su mallaki shirin ba. Kuma ga Pink Lady, su ma 'yan Japan, da NBC ta ba su shiri a 1980 tare da ɗan barkwanci Jeff Altman. Suna da tarin waƙoƙi masu lamba ɗaya a ƙasarsu, amma Turancin da za su faɗa haddace shi suke yi da ka, ba a iya canza layi a wurin ɗauka, kuma aka sa su rera waƙoƙin Turanci maimakon nasu. Fitowa biyar aka nuna aka janye. Faifai kaɗai ba ya riƙe awa guda.

AbbaNaRimi:
Furodusoshin Pink Lady ɗin, Sid da Marty Krofft, su ne suka yi na Barbara Mandrell da ƙannenta biyu a NBC daga ƙarshen 1980, kuma wannan ya karɓu. Sun iya kayan kiɗa da yawa, suna tsokanar juna irin ta 'yan uwa, akwai babbar yaya da shirin ke juyawa a kanta. A 1982 ya tsaya ne saboda muryar Barbara ta gaji, likita ya hana. Ke nan ko an yi nasara, nauyin mako-mako na cin maƙogwaro.

Sadiya_Zinder:
Kim Sisters na Koriya ta Kudu ma kayan kiɗa ne suka taimake su. Sun sauka Las Vegas a 1959, suka fito wurin Ed Sullivan sau 22, don duk zuwa suna da sabon abin nunawa.

Alh_Mudi_Fagge:
Kada dai a rufe maganar kamar rayuwarsu ta ƙare a 1970. Mawaƙi Andy Williams ya ɗauke su a shirinsa, suka riƙa wasa tare da shi a Las Vegas. A 1987 aka sa musu tauraro a titin taurari na Hollywood. A 1994 suka koma Branson a jihar Missouri, a gidan wasan da iyalin Welk suka gina, shekara biyu bayan rasuwarsa. Su waye ke cika kujerun? Mutanen da suka girma suna kallonsu daren Asabar, ga kuma tsofaffin fitowar shirin da tashoshin PBS ke maimaitawa. Igiyar da Bilkisu ta ce ta ɗaure su, ita ce ta ciyar da su shekaru da dama bayan haka.

Hajiya_Turai_KD:
Ta ciyar da su Alhaji, amma a gidan wa? Sunan Welk ne a ƙofar.

Malama_Rifkatu_Jos:
A Branson ɗin ma matsalar da Malam Garba ya bayyana ta sake dawowa. Peggy ta yi ritaya a 1999, ƙanwarsu Mimi ta shiga gurbin, Dianne ta bi a 2001, suka koma su uku: Kathy, Janet da Mimi. An sake rubuta tsarin muryoyi ke nan, kuma a wannan shekarun dole a sauke waƙa mataki ɗaya ko biyu, don saman muryar mace na raguwa da girma. In an sauke kuma, mai layin ƙasa ce ke shiga matsi, sai a buɗe tazarar ko a ɗaga layinta ya koma tsakiya. Samun 'yar uwa ta jini da za ta shiga gurbin ya sauƙaƙa musu wajen lafazi, amma layin sai ta koya daga farko.

Mal_Sani_KofarMata:
Ni har yanzu ina kan batun minti 50. Dakta, in da ABC ta ba su rabin awa, waƙa zalla da baƙo ɗaya, ƙarfe 7:30 na yamma, ba tare da guntayen barkwanci ba, kana ganin alƙaluman za su zama iri ɗaya?